Iris Barry Da Sana'ar Ajiye Fim

Jawabin da aka gabatar a taron shekara-shekara na ƙungiyar tsofaffin ɗalibai



Kwamitin shirya wannan taro ya ɗora mini nauyin in yi magana a kan wata sana'a daga cikin waɗanda ba a cika ambata wa yara ba idan sun zo cike takardar neman shiga jami'a. A zamaninmu, kun sani, hanyoyin ƙididdigaggu ne. Ko likita, ko injiniya, ko lauya, ko soja, wanda kuma ya rasa duka a ce ya tafi koyarwa. Malamanmu su yi mini afuwa, ba ni na tsara ba, haka muka tarar. To yau ga shi mu ne iyaye, wasunmu har da jikoki, kuma wurinmu yara ke zuwa neman shawara. Saboda haka na zaɓi aikin mutumin da ke nazarin fim, yana rubuta sharhinsa a jarida, daga baya kuma ya zama mai kula da gidan da ake adana shi. Na lura da jin kalmar fim wasu sun riga sun tsuke fuska. Ina roƙon ku ba ni aron hankalinku na ɗan lokaci, domin maganar ta fi kusa da tarihi bisa ga rawa da waƙa.

Maimakon in yi ta bayani a sama, zan ɗauko rayuwar mutum guda wadda ta taka duk waɗannan matakai, wato wata Baturiyar Ingila mai suna Iris Barry.

An haife ta a Bamingam a 1895. Ba 'yar sarauta ba ce, ba kuma 'yar attajirai ba, kuma ba ta yi jami'a ba. Ta yi karatu a wata makarantar 'yan mata a Beljiyam, inda ta ƙware a Faransanci, harshen da ya yi mata rana har ƙarshen rayuwarta. Da fari waƙoƙi take rubutawa, har marubucin nan Ezra Pound ya ga rubutunta ya ba ta shawarar ta koma Landan. A can ta yi ta 'yan ayyukan ofis don ta ci abinci, duk lokacin da ta sami sarari kuma sai ta shige silima. A wancan lokaci masu ilmin Ingila suna ɗaukar silima kamar yadda iyayenmu suka ɗauke ta, wato wurin ɓata lokaci na 'yan aikin gida da lebura. Mai mutunci ya je gidan wasan kwaikwayo ko ya karanta littafi.

A 1923 mujallar The Spectator, wadda manyan ƙasar ke karantawa, ta ɗauke ta ta riƙa rubuta sharhin finafinai. Daga 1925 zuwa 1930 kuma ita ce mai kula da shafin fim na jaridar Daily Mail, ɗaya daga cikin jaridun da suka fi kasuwa a Ingila. A 1926 ta fitar da littafinta mai suna Let's Go to the Pictures. Abin da ya bambanta ta da sauran masu rubutu shi ne ba ta tsaya ga ba da labarin fim da yabon kyawun 'yan wasa ba. Takan duba yadda aka ajiye kyamara, yadda aka yi amfani da haske, yadda aka yanka hoto aka haɗa da wani har ma'ana ta fito ba tare da an furta kalma ba. Ku tuna, a lokacin finafinai ba sa magana. Duk wanda ya zauna a ajin adabi a makarantar nan ya ga malaminmu yana feɗe waƙa baiti-baiti, to irin wannan aikin ne ta yi wa hoto mai motsi.

A shekarar 1925 ɗin ce kuma ita da Ivor Montagu da Sidney Bernstein da wasu suka kafa ƙungiyar masu kallon fim ta Landan. Ranar Lahadi da rana sukan hayi silima su nuna wa 'yan ƙungiya finafinan Jamus da Faransa da Rasha waɗanda 'yan kasuwa ba sa kawowa, ko waɗanda hukumar tace finafinai ta hana. Cikin waɗanda suka sa hannu har da H. G. Wells da George Bernard Shaw da masanin tattalin arziki John Maynard Keynes. Su ne suka nuna fim ɗin Eisenstein na Rasha, Battleship Potemkin, a 1929, alhali hukuma ba ta sake shi ga jama'a ba sai 1954. Wannan ƙungiya ta koya mata aikin da jarida ba ta koyarwa: neman fim daga wata ƙasa, rubuta wasiƙa, ciniki da kwastan, tara kuɗin 'yan ƙungiya, rubuta takardar bayani da za a raba a bakin ƙofa. Mu da muke fama da tara kuɗin ƙungiya duk shekara mun san wannan ba ƙaramin horo ba ne.

A 1930 Daily Mail ta sallame ta. Ta tsallaka Amurka, ta sauka Niyok a daidai lokacin da tattalin arzikin ƙasar ya karye, manyan ma'aikata ma suna layin karɓar abinci. Ta yi wajen shekara biyu tana fassara da 'yan rubuce-rubuce na kwabo da ahu. A 1932 ta sami aikin kula da laburare a Gidan Adana Fasahar Zamani na Niyok, wanda aka fi sani da MoMA. An buɗe gidan a 1929, kuma tun farko shugabansa Alfred Barr ya so a ce akwai sashen fim kusa da na zane da sassaƙa, amma attajiran da ke riƙe da gidan suka ga abin kamar raini. Yaya za a ajiye Charlie Chaplin ɗaki guda da Picasso?

A nan zan ɗan dakata in yi bayanin halin da fim ke ciki a lokacin, don sai an san ciwo ake gane darajar magani.

Zaren fim na wancan zamani da sinadarin naitiret ake yin sa, ɗan'uwan abin da ake haɗa albarushi da shi. Idan ya kama wuta shi ke samar wa kansa iskar da wuta ke ci da ita, shi ya sa ko an tsoma shi a ruwa yana iya ci gaba da ci. Ko bai kama wuta ba, in ya daɗe cikin zafi da laima sai ya fara danƙo, ya manne da juna, ya yi kumfa, a ƙarshe ka buɗe gwangwani ka tarar da gari ja-ja kamar tsatsa. Mu a nan ba sai an ba mu labari daga nesa ba. A watan Mayu na 1951 silimar El Duniya ta Kano ta kama wuta daga ɗakin na'urar haska fim, mutum 331 suka rasu. A Amurka kuma, a watan Yulin 1937, rumbun ajiyar kamfanin Fox a jihar New Jersey ya ƙone cikin dare guda, da shi da akasarin finafinan da kamfanin ya yi kafin zuwan magana.

Amma wuta ba ita ce babbar ɓarna ba. Masu kamfanonin da kansu ne. A wurinsu fim haja ce irin ta tumatir: ya yi mako kaɗan a kasuwa, ya kawo kuɗinsa, shi ke nan. Da fim mai magana ya shigo a 1927, sai tsofaffin suka zama kayan cika ɗaki. Akan kwashe su a sayar wa masu narkawa don a cire 'yar azurfar da ke jikin zaren. A 2013 Laburaren Majalisar Dokokin Amurka ya fitar da binciken da David Pierce ya yi: daga cikin dogayen finafinai marasa magana kusan 11,000 da aka yi a Amurka tsakanin 1912 da 1929, kashi 70 cikin ɗari sun ɓace ɗungurungum, kuma kashi 14 kacal suka rage cikakku a siffarsu ta asali. Wannan fa a ƙasar da ta fi kowa kuɗi da injuna ke nan.

A 1935 Gidauniyar Rockefeller ta ba da dala 100,000, attajiri John Hay Whitney ya ƙara nasa, aka kafa Laburaren Fim na MoMA. Mijinta na lokacin, John Abbott, shi aka ba darakta, ita kuma aka ba ta kula da zaɓen finafinai da nazarinsu, kodayake kowa ya san wa ke da ilmin. Sai bayan yaƙin duniya na biyu aka ba ta kujerar darakta. Matan da ke zauren nan ba sa bukatar in yi sharhi a kan wannan.

Ofis ya samu, kuɗi sun samu, amma babu fim ko ɗaya, kuma doka ba ta tilasta wa kowa ya ba su ba. A watan Agusta na 1935 suka tafi Holiwud, inda shahararriyar 'yar wasa Mary Pickford ta tara manyan masana'antar a gidanta, aka ci abinci, Iris Barry ta haska musu guntayen tsofaffin finafinansu, ta roƙe su. Masu kamfanoni suna tsoron abu biyu. Kada tsohon fim ya raba musu 'yan kallo da sabo, kada kuma a mai da aikinsu na da abin dariya. Sai da aka yi yarjejeniya cewa ba za a yi kasuwanci da su ba, makarantu da ƙungiyoyin ilmi kawai za a ba aro. Wasu suka ba da nan take, wasu suka yi ta jan ƙafa shekara da shekaru. A 1936 ta zaga Turai, Landan da Faris da Balin da Mosko da sauransu, tana roƙo tana musaya. A Balin gwamnatin Hitler ce ke mulki, a Mosko ta Stalin, kuma daga hannun duka biyun ta fito da finafinai. Wasu daga cikin na Jamus ayyukan mutanen da gwamnatin ta kora ne.

Wannan shi ne ɓangaren aikin da matasa ba sa hangowa. Yaro yana jin an ce kula da gidan adana fim sai ya ɗauka zama ne a ɗaki mai sanyi ana kallo daga safe zuwa dare. Rabin aikin bara ce cikin riga mai kyau. Sauran rabin kuma lissafi ne: nawa za a kashe a kwafe wannan faifai kafin ya ruɓe, wanne za a fara ceta tunda kuɗin ba za su isa duka ba, wa ke da haƙƙin mallaka, ina za a sami ɗakin da zafi da laima ba sa shiga. Ita kanta ba ta tsira daga wannan ba, domin akwai finafinan da aka damƙa wa gidan suka lalace kafin a sami kuɗin kwafe su.

Abin da ya fi burge ni a aikinta shi ne ba ta kulle kayan ta zauna a kai ba. Daga farkon 1936 ta fara shirya finafinan kashi-kashi bisa tarihi, tana aika su kwalejoji da jami'o'i tare da takardun bayani da ta rubuta: wa ya yi, yaushe, me ya ƙaro a kan na gabansa. A 1937 ita da Abbott suka fara koyar da darasin fim a Jami'ar Kolombiya. Darussan nazarin fim da ake yi yau a jami'o'in Amurka suna da saiwa a waɗannan gwangwanaye da ke yawo a jirgin ƙasa. Hukumar da ke ba da lambar Oska ta ba Laburaren lambar yabo ta musamman ta shekarar 1937, wato waɗanda aka je roƙo ɗazu su ne suka dawo suna godiya. Da gidan ya koma sabon gininsa a 1939 aka riƙa nuna fim kullum. 'Yan kallo kuwa ba su saba ba, sai su ga tsohon fim da tsohuwar shiga su yi ta shewa da dariya. Ta sa aka tanadi wani rubutu da ake haskawa a allo, ana gargaɗin cewa in hayaniya ba ta tsaya ba za a kashe fim, kuma takan kashe ɗin. Waɗanda suka yi firifet a cikinmu a daren da ake kawo majigi filin makaranta za su tausaya mata.

Akwai inda nake ganin ta gaza, kuma ya kamata mu da muke baƙar fata mu faɗa. A 1940 ta shirya baje kolin ayyukan D. W. Griffith, ta rubuta littafi a kansa. Griffith gwani ne wajen sarrafa kyamara da haɗa hoto, babu musu. Amma fim ɗinsa na 1915, The Birth of a Nation, cin mutuncin baƙaƙen Amurka ne daga farko har ƙarshe. Ya mai da 'yan ta'addar Ku Klux Klan jarumai, ya kuma taimaka wajen farfaɗo da ƙungiyar a wannan shekara. Iris Barry ta yi dogon yabo ga gwanintar, ta wuce ta kan ɓarnar da sauri. Ajiye fim ɗin da ta yi daidai ne, don da an ƙone shi da yau jikokin masu laifin sun ce ƙarya ake yi musu. Laifin yana ga takardar bayanin da ta kasa faɗin gaskiya dukanta. Haka nake kallon finafinan majigi da Turawan mulkin mallaka suka yi mana tun daga zamanin William Sellers, jami'in tsafta da ya fara wannan aiki a Legas, wanda daga baya ya shugabanci sashen fim na mulkin mallaka da aka kafa a 1939. Da yawansu sun ɗauke mu yara ƙanana da ba su san wanke hannu ba. Duk da haka a cikinsu ne za ka ga kasuwa da ganuwa da suturar kakanninmu suna motsi. A ajiye su, a kuma sami ɗanmu mai ilmi ya rubuta abin da ke cikinsu ba tare da tsoro ba.

A 1938 gidanta da takwarorinsa uku, na Landan da na Faris da na Balin, suka kafa ƙungiyar gidajen adana fim ta duniya, wadda ake kira FIAF, kuma tana nan har yau. A cikin wannan ƙungiya aka yi wata gardama da nake so malamanmu su ji, don ta yi kama da gardamar da ake yi a kan laburaren kowace makaranta. Ernest Lindgren na Landan ya ce idan kofi ɗaya tak ya rage na fim, ba za a sa shi a na'ura ba har sai an kwafe, ko da za a shekara ashirin ba wanda ya gani, domin kowace haskawa tana cin jikin zaren. Henri Langlois na Faris ya ce fim ɗin da ba a kallo da shi da babu duk ɗaya, ya riƙa nuna duk abin da ya shigo hannunsa. A zaurensa ne samari irin su François Truffaut da Jean-Luc Godard suka yi karatunsu, suka fara da rubuta sharhi a mujallar Cahiers du cinéma, daga baya suka ɗauki kyamara suka sauya fasalin fim ɗin Faransa. Amma rajistarsa a hargitse take, kuma a 1959 gobara ta cinye finafinai masu yawa a harabarsa. Da gwamnati ta cire shi a watan Fabrairu na 1968 sai masu fim suka fito zanga-zanga har aka mayar da shi a watan Afrilu. Ni dai in za a ba ni zaɓi, Langlois zan gayyata cin abinci, amma Lindgren zan ba mabuɗin sito.

Lokacin yaƙi ofishin Iris Barry ya zama mafaka ga masanan da suka gudo daga Turai. Siegfried Kracauer ya zauna a can daga 1941 yana kallon finafinan Jamus da ta kwaso, har ya fitar da littafinsa From Caligari to Hitler a 1947. Luis Buñuel na Sifen ma ya yi aiki a gidan. Faransa ta ba ta lambar girmamawa a 1949. A farkon shekarun 1950 ta bar aiki ta koma wani ƙaramin gari mai suna Fayence a kudancin Faransa, ta rasu a Marsai a watan Disamba na 1969. Ba ta bar dukiya ba, kuma sai a 2014 aka sami wanda ya rubuta cikakken tarihinta, wato Robert Sitton. Duk wanda zai tura ɗansa wannan hanya ya san da haka tun yanzu.

To me ya haɗa mu da wannan labari? Shaihu Umar ya haɗa mu. Yawancinmu mun karanta littafin marigayi Abubakar Tafawa Ɓalewa a ajin Hausa. A 1976 marigayi Adamu Halilu ya mai da shi fim, da Hausa, sama da awa biyu. Daga nan fim ɗin ya ɓace, har aka shekara wajen arba'in ana jin sunansa kawai a littattafai. A 2016 aka gano gwangwanayensa cikin tarin tsofaffin finafinai a ajiyar Hukumar Finafinai ta Nijeriya. Didi Cheeka, mai sharhin fim kuma mai shirya shi, yana cikin waɗanda suka tsaya a kan lamarin. Cibiyar Arsenal ta Balin ta gyara shi, aka nuna shi a bikin finafinai na Balin a watan Fabrairu na 2018. Abin farin ciki ne, abin kunya kuma, domin littafin Firayim Ministanmu na farko ne, da harshenmu, amma sai da aka kai shi Jamus kafin ya sake ganin haske. Maƙwabtanmu na Barkina Faso sun riga mu tunani, sun kafa gidan adana finafinan Afirka a Wagadugu a 1989, sai ambaliyar ranar 1 ga Satumba 2009 ta shiga ginin ta jiƙa kaya masu yawa. Ko'ina a yankinmu abokan gaba ɗaya ne: zafi, laima, ƙura, da rashin mai kula.

Zaren da ya maye gurbin naitiret tun wajen 1951 ba ya fashewa da wuta, amma shi ma in ya sha zafi sai ya fara warin tsami, ya ƙanƙance, ya lanƙwashe. Kaset ɗin bidiyo ya fi su duka rauni. Ga shi kuwa a kansa ne aka ɗauki farkon finafinan Hausa na Kano, tun daga Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990. Kaset yana yin fumfuna, zarensa yana mannewa, kuma kamfanin Funai na Japan, wanda shi ne na ƙarshe mai ƙera na'urar kallonsa, ya daina a 2016. Ko mutum yana son waɗannan finafinai ko yana ƙyamarsu, wanda zai rubuta tarihin Kano na shekarun 1990 zai bukace su: yadda ake magana, yadda ake ɗaura ɗankwali, abin da ke haɗa miji da mata faɗa, abin da malamai suka yi wa'azi a kai.

Kuma muna da namu da suka bi sawun. Mujallar Tauraruwa ta fito a Kano a 1998, kuma a shafinta aka fara kiran masana'antar Kannywood. Ibrahim Sheme ya fara buga mujallar Fim a 1999. Duk mai binciken wannan fage yau sai ya nemi tsofaffin kofensu, don a nan aka rubuta wa ya yi me da kuma yaushe. Farfesa Abdalla Uba Adamu na Jami'ar Bayero da koyar da ilmin kimiyya ya fara har ya zama farfesa, sa'an nan ya juya ga nazarin fim da al'ada ya sake zama farfesa a karo na biyu, ya kuma shugabanci Buɗaɗɗiyar Jami'a ta Ƙasa daga 2016 zuwa 2021. Yana cikin waɗanda suka shirya taron masana a kan finafinan Hausa a Kano a 2003. Brian Larkin ya zauna a Kano ya rubuta Signal and Noise, wanda ya fito a 2008, a kan rediyo da majigi da silima a Arewa. A Jos akwai makarantar koyon aikin fim ta ƙasa da gidan adana finafinai na Hukumar, kuma a 2019 Jami'ar Jos ta fara digiri na biyu a kan al'adar fim da adana shi, tare da haɗin gwiwar Jami'ar Goethe ta Jamus. Yaron da ya karanta tarihi, ko Hausa, ko aikin jarida, ko ilmin laburare, har ma da kimiyyar haɗa sinadarai, yana da ƙofar shiga. Abin da zan ƙara masa shi ne ya koyi harshe na uku, Faransanci ko Larabci, ya kuma saba da rubuta shafi guda mai tsabta a kan abin da ya kalla, domin da wannan shafin Iris Barry ta shiga ko'ina.

Shugaban taro, saura roƙo guda. Tun daga ƙarshen shekarun 1980 ake ɗaukar bikin ba da kyaututtuka da wasannin gidaje da wasan kwaikwayon makarantar nan a kaset, ban da hotuna na shekarun da suka gabaci haka. Suna warwatse a gidajenmu, cikin adaka da saman silin. A cikinsu akwai muryoyin malamanmu da 'yan ajinmu da suka riga mu gidan gaskiya, Allah Ya ji ƙansu. Ina roƙon kowa in ya koma gida ya duba. Wanda ya ga farin fumfuna a jikin kaset kada ya sa shi a na'ura, don zai ɓata kaset ɗin ya ɓata na'urar. A sauko da su daga silin a sa a ɗakin da ya fi sanyi a gidan, a jera su a tsaye, nesa da lasifika da duk abin da ke da maganaɗisu. Hotuna kuma a rubuta shekara da sunayen mutane a bayansu da fensir, tun muna da masu iya gane fuskokin. Na yi magana da sakataren ƙungiya, ya yarda zai buɗe rajista ya karɓa, a kwafe a kwamfuta a ajiye a wuri biyu daban-daban, a mayar wa kowa da nasa. Ma'aji kuma na ga yana kallona, to kuɗin na'urar kwafewa za mu kawo maganarsu a zaman kwamiti na gaba.